Daga Brooklyn zuwa Albany a Sawun Wani Kansila

Malam, ka ce in na je Amurka in kawo maka labarin siyasarsu. To ga wanda ya fi tsaya mini a rai, kuma ba na fadar shugaban ƙasa ba ne.

A Bronx na sauka, gidan wani Bahaushen Kumasi da ya daɗe yana tuƙin tasi a New York. Shi ya fara ambata mini Charles Barron, tsohon ɗan Black Panther, ƙungiyar nan ta masu fafutukar 'yancin baƙaƙen fata. Ya ce mutumin ya ajiye kujerar majalisar dokokin jiha ya koma kansila. Abin ya ɗaure mini kai, domin a wurinmu wannan faɗuwa ce.

Washegari muka shiga jirgin ƙarƙashin ƙasa mai lamba 3 har ƙarshen layi, tashar New Lots a Brooklyn, sanyi na yankar kunne. Unguwar talakawa ce, yawanci baƙaƙe, ga dogayen gidajen hayar gwamnati na jan bulo. Nan ce mazaɓa ta 42, wadda Barron ya fara wakilta a 2002. Da wa'adinsa ya cika a ƙarshen 2013, sai matarsa Inez, tsohuwar shugabar makaranta da ke majalisar jiha tun 2009, ta tsaya ta ci kujerarsa. Shi kuma ya ci tata a zaɓen 2014. Da ita ma nata wa'adin ya ƙare a 2021, ya dawo ya karɓi kujerarsa ta farko. Duk da ƙuri'a aka yi, ba naɗi ba, amma ni dai ban ji daɗinsa ba. An kafa dokar wa'adi ne don sabon hannu ya samu shiga, ga gida ɗaya ya riƙe unguwa sama da shekara 20.

A zauren majalisar birnin da ke Manhattan na fara gane lissafin. Kansiloli 51 ne kacal ga mutum fiye da miliyan 8, kuma kasafin kuɗin da suke amincewa da shi ya haura dala biliyan 100 a shekara. Ka kwatanta da kansilan gundumarmu, wanda ko gyaran kwalbati sai ya jira ciyaman. A can kowane kansila yana da kason kuɗi da yake ware wa ƙungiyoyi da makarantun mazaɓarsa, kuma bisa al'ada, in mai gini ya nemi a sauya dokar fili a unguwa, sauran kansiloli bakin ɗan unguwar suke bi. Da wannan ƙarfin Barron ya riƙa matsa wa masu gine-gine su sa hayar da talaka zai iya biya. A ginin majalisar birnin ne kuma ya karɓi baƙuncin Robert Mugabe na Zimbabuwe a 2002, abin da ya jawo masa suka mai yawa.

Daga nan na kama jirgin ƙasa zuwa Albany, babban birnin jihar, tafiyar kamar awa biyu da rabi, kogin Hudson na hagunka kusan duk hanya. Na sha mamakin ƙanƙantar garin. Ginin majalisar kuwa, na dutse, an fi shekara 30 ana aikinsa kafin a kammala a 1899. 'Yan majalisar wakilan jihar 150 ne, zaɓe duk shekara biyu, babu iyakar wa'adi, kuma zaman nasu daga Janairu ne zuwa Yuni. Manyan shawarwari a hannun gwamna da shugabannin majalisun jihar biyu suke. Mutum mai kaifin baki irin Barron yana iya tashi ya yi magana a ji shi, amma abin da zai kai wa unguwarsa a hannu ya fi yawa in yana kansila.

Sai dai komawarsa kansila ba ta ɗore ba. A zaɓen fid da gwani na jam'iyyar Dimokurat a Yunin 2023, Chris Banks, ɗan unguwar da ya sha karawa da gidan Barron yana faɗuwa, ya kayar da shi da 'yan ɗaruruwan ƙuri'u. A farkon 2024 Banks ya hau kujerar.