Anje, Garin Puwar, Da Yadda Zoɓo Ya Fid Da Mu Kunya

Magabata sun ce zumunci a ƙafa yake, amma na wannan zamani har fiffike yake nema. A tsakiyar watan Disamba na shekarar 2022 muka tashi daga Yamai, mu biyu, maigida da uwargida, domin mu gano ɗiyarmu ta fari wadda take karatun aikin gona a birnin Angers na ƙasar Faransa, wanda a baki ake cewa Anje. Shekara biyu ke nan ba mu ga juna ba sai ta waya. A cikin kayanmu akwai tsarabar da ta roƙa: kuka, kuɓewa busasshiya, yaji, da ƙulli babba na zoɓo, wanda ƴan birni ke kira bisap.

Daga Faris jirgin ƙasa mai gudu ya kai mu Anje cikin kamar awa ɗaya da rabi, muna fuskantar yamma. Garin yana bakin wani kogi mai suna Maine, gajere ƙwarai, wanda ba ya yin nisa da barin gari sai ya faɗa cikin babban kogin Loire. Abin da ido ke fara kamawa shi ne rufin gidaje, duk baƙi-baƙi, na wani dutse mai tsagewa faifai-faifai da aka daɗe ana haƙowa a Trélazé, nan kusa. A saman kogi ga tsohuwar fada mai hasumiya 17, ginin ƙarni na 13, jikinta zane-zane, layin baƙin dutse da na fari. Mun shiga mun ga shahararren saƙin nan na ƙarni na 14 da ke ciki, mai tsawon kamar mita 100, mun yaba haƙurin masaƙansa, muka fito da sauri saboda sanyi ya hana mu tsayuwa. Rana ba ta fitowa sai wajen tara saura kwata, biyar da ƴan mintoci kuwa ta faɗi. Kafin mutum ya naɗe dardumar azahar, la'asar ta yi sallama.

Yarinyar tana haya ne a ɗakin sama na gidan wata tsohuwa mai shekara saba'in da ɗoriya, wadda take kira Mami, wato kaka. Tun kafin mu zo mun san muna da bashin wannan baiwar Allah a wuyanmu. A hunturun farko da yarinyar ta kwanta ciwon ƙirji, ita ce ta kira likita, ta yi kwana da kwanaki tana hawa bene da romo a hannu duk da ciwon gwiwarta, ba ta kuma ƙara ko tamma a kan kuɗin haya ba. Mijinta ya rasu a farkon wannan shekara, ƴaƴanta biyu suna nesa. Saboda haka da ta ce tana son mu ci abincin ranar farko ta sabuwar shekara a teburinta, ba mu ga ta inda za mu ce a'a ba, ba mu ma so ba.

Ta riga ta shirya komai. Ta san ba mu cin alade, ta kuma yi oda nama wurin mahauci Musulmi. Sai ta ɗauko wani tsohon littafi na rubutun hannu, na mahaifiyarta, ta buɗe wani shafi da ya yi ɗigo-ɗigon ja, ta ce abin da za a rufe ciki da shi ke nan, kamar yadda ake yi a gidansu kowace ƙarshen shekara tun tana yarinya: puwar dafaffe cikin jar giyar inabi ta ƙasar Anju.

Muka dubi juna, muka dubi yarinyar, ita kuwa ta dubi ƙasa.

Kafin mu ci gaba, bari mu warware wani ruɗani. Ɗan itacen da Faransawa ke kira poire ba shi ne fiya ko aboka mai maiƙo da muka sani ba. Ɗan'uwan tuffa ne, siffarsa kamar ƙaramin gora, ƙasa faɗi, sama tsukakke, cikinsa fari mai ruwa da zaƙi. Itacensa yana son sanyin hunturu na makonni masu yawa kafin ya yi fure, shi ya sa ba ya yi a ƙasarmu, sai dai a gan shi a manyan kantuna da tsada.

Tsohuwa ta lura da shirunmu. Ta ce, "Mushe, ai wuta tana kore giyar, launi kawai da ƙamshi ke saura." Haka mutane da yawa suka ɗauka, kuma da zuciya ɗaya ta faɗa. Amma dahuwar rabin awa ba ta kore barasa duka, wani kashi yana nan cikin romon, balle ma mu tun daga zuba ta cikin tukunya magana ta ƙare. Ga shi kuma macen da ta yi jinyar ɗiyarmu ce, a bikinta na farko ba tare da mijinta ba, riƙe da littafin uwarta. Maigida ya yi ta kewaye-kewaye da Faransancin ofis, har uwargida ta katse shi ta ce, "Madam, ki yi mana afuwa. Ko ɗigo ne ba ya halatta gare mu. Amma ba mu son teburinki ya rasa abin da ya saba."

Yarinyar ta kawo shawara, ta ce a yi irin wanda ake kira Belle-Hélène, wanda ake dafawa cikin ruwan sukari da banila, a zuba masa narkakken shokola, sunansa kuwa daga wani wasan waƙa na Offenbach ne na shekarar 1864. Tsohuwa ta girgiza kai. Ta ce wannan na gidan abinci ne. Nasu ja ne, kuma marigayi yakan ce in bai ga jan nan a faranti ba, shekara ba ta juya ba. Ta rufe littafin a hankali, ta ce ba komai, za ta sayo gato.

Wannan "ba komai" ta hana mu barci. Da asuba uwargida ta ce, "Malam, in ja ne matsalar, ai ja muka ɗauko tun daga gida."

Ranar Asabar 31 ga wata muka raka tsohuwa babbar kasuwar mako da ke ci a tsakiyar gari. Ranar an yi wani ɗumi da ba a saba gani ba a wannan lokaci, mu muna murna, masu lambu suna ɓata fuska, don sun san itacensu sanyi yake so. A nan muka gane cewa ba garin banza muka zo ba a sha'anin puwar. Wani iri mai ƙiba, gajeren wuya, da ake kira Doyenné du Comice, a taƙaice Komis, a cikin garin nan aka same shi, a lambun wata ƙungiyar manoma, wajen shekarar 1849, kuma har yau masana da yawa suna sa shi gaba wajen daɗi. Ga wani mai suna Angélys, wanda masu binciken noma na Anje suka fitar daga jinin Komis ɗin. Ga Passe-Crassane na hunturu, ɗan asalin Rouen, wanda ake ɗiga wa jan kaki a kan kara domin kada ruwansa ya tsere. Ga kuma Conférence, dogo siriri mai tsatsa-tsatsa a fata, ɗan Ingila, wanda ya samo suna daga wani taron masu puwar da aka yi a Landan a 1885, shi ne kuma aka fi nomawa a Turai. Tsohuwa ta ba mu labarin wani ƙauye, Rivarennes, can gabas, inda ake busar da puwar cikin tanda kwana da kwanaki, a buge shi ya baje, ya shekara bai lalace ba. Muka ce ashe su ma suna da kilishinsu.

Mu da mun bi suna, Komis za mu saya, tun da ɗan gari ne. Tsohuwa ta hana. Ta ce Komis in ya nuna narkewa yake a baki, a ci shi ɗanye shi ne girmansa, tukunya cin mutunci ce gare shi. Na dahuwa shi ne mai riƙe jikinsa, don haka Conférence. Ta koya mana zaɓe: puwar ba ya nuna da kyau a kan itace, da ƙarfinsa ake tsinko shi, kuma daga ciki yake fara nuna zuwa waje, ta yadda in ka jira cikinsa ya yi laushi a hannu, to tsakiya ta riga ta lalace. Babban yatsa ake ɗorawa a wuya, kusa da kara. In ya ɗan ba da kai kaɗan, shi ke nan. Muka sayi takwas, shida na tebur, biyu na gwaji, ta kuma dage kowanne sai da karansa.

Gwajin farko bai yi ba, laifin kuwa namu ne. Mun zuba zoɓo da yawa kamar za a yi wa taron suna, muka bar shi cikin tukunya tare da puwar har ƙarshe. Launi ya fito, amma tsami ya kashe ɗan itacen, har da wani ɗaci a bayan harshe. Tsohuwa ta ɗanɗana, ta yamutsa fuska, ta ce, "Wannan magani ne." Ba mu yi musu ba.

Ga yadda na biyu ya kasance, domin uwayen gida masu son gwadawa. Aka tafasa ruwa lita ɗaya a tukunyar ƙarfe mara tsatsa, don tsamin zoɓo ba ya shiri da ta alminiyam. Aka sauke, aka zuba wankakken zoɓo tafi biyu, kamar garam 40, aka bar shi minti 10 kacal aka tace. Cikin jan ruwan nan aka sa sukari garam 200, da sandar kirfa ɗaya, da kanumfari uku, da ɓawon lemun zaƙi wanda aka fere siriri ba tare da farin cikinsa ba, duk bisa littafin mahaifiyarta. Ɗanyar citta yanka biyu ce kaɗai uwargida ta shigar daga wajenmu, bayan ƴar gardama. Aka fere puwar daga wuya zuwa ƙasa aka bar karan, aka ƙwaƙule ƙwayoyin ta ƙarƙashi da ƙaramin cokali, aka ɗan yanke gindi domin ya iya tsayuwa a faranti. Kowanne aka gama sai a shafa masa lemun tsami, don iska tana baƙanta shi nan da nan.

Wurin wuta ne tsohuwa ta karɓi ragama. Mu mun saba tukunya ta zaɓarɓaka, ita kuwa ta rage wuta har ruwan yana motsi kawai, ƙwayar kumfa ɗaya tana tasowa, wata ta biyo. Ta ce tafasa mai ƙarfi tana dagargaza waje alhali ciki bai dahu ba. Ta yanko takardar gashi daidai bakin tukunya, ta shimfiɗa a kan ruwan domin ta danne puwar kada wani gefe ya leƙo ya tashi fari. Bayan minti 25 ta soka tsinin wuƙa, ya shiga ba gardama, ta kashe wuta. Ba a tsame su ba. A cikin ruwansu suka huce, a ciki suka kwana a firiji, saboda a daren nan ne launi ke ratsa jiki. Yarinyar, da yake fanninta ne, ta bayyana mana cewa abin da ke rina fatar baƙin inabi da abin da ke rina zoɓo dangi ɗaya ne, shi ya sa jan ya zo kusa haka. Mahaifinta ya ji daɗin wannan bayani fiye da yadda ya nuna.

Ran Lahadi da hantsi aka tsamo su, aka mai da ruwan kan wuta mai ƙarfi har ya koma kamar kashi ɗaya cikin uku, ya yi kauri yana bin cokali kamar zuma. Bayan an ci nama, tsohuwa ta shigo da babban farantin bikinta, puwar shida a tsaye, jajaye wur suna ƙyalli, kowanne da karansa sama. Da aka yanka sai ga ja a baki-baki, yana kwaranyewa zuwa ruwan hoda, tsakiya fari. Ta ci cokali ɗaya, ta yi shiru har muka fara tsarguwa. Sa'an nan ta ce ba ɗaya ba ne, na giya ya fi nauyi a harshe, yana kuma da wani ɗan bauri da wannan ya rasa. Amma wannan ya fi barin ɗanɗanon puwar ɗin ya fito, kuma da marigayi ya gan shi daga bakin ƙofa, da bai gane ba. Ta share ido da gefen adiko, ta ce a miƙo mata romon. Mu da ba mu san ɗayan ba, namu ra'ayin shi ne da an rage sukari kaɗan da ya fi, amma ba ranar faɗin haka ba ce.

Da za mu tashi ta aiki yarinyar ta ɗauko littafin da alƙalami. A ƙarƙashin layin da mahaifiyarta ta rubuta jar giya kwalba ɗaya, ta ƙara da nata hannun: ko bisap, tafi biyu, minti 10, a tace. Ta tambayi uwargida yadda ake cewa da Hausa, ta rubuta zoɓo a gefe, ta yi ta fama da lanƙwasar ɓ har sau uku. Rabin ƙullin da muka kawo wa yarinyar a madafin tsohuwa ya kwana. Ran Talata da safe, kafin gari ya waye, suka raka mu tashar jirgin ƙasa su biyu, tsohuwa tana dafe da kafaɗar yarinyar saboda gwiwa.