Digiri a Hannu, Albashi Yana Nan Inda Yake

Litinin
Na kai wa Hedimasta takardar digirina na B.Ed., wanda na yi a karatun dogon hutu a Jami'ar Ahmadu Bello, Zariya. Ya sa albarka, sannan ya ce, "Malama, kina da takardar izinin ƙaro karatu?" Ina da ita, alhamdu lillahi. Ya ce malamai da yawa kan tafi ba izini, su dawo a ce ba a san da zaman takardarsu ba. Ya sa hannu a wasiƙata ta neman gyaran mataki.

Talata
Ofishin ilimi na ƙaramar hukuma. Wani dattijo mai kula da fayil-fayil ya zaunar da ni, ya warware mini zare da abawa. Mai NCE yana kama aiki a mataki na 7, mai digiri a na 8. Ni kuwa shekarun aiki sun riga sun kai ni na 10. "Hajiya," in ji shi, "yanzu digirin nan ba zai ƙara miki ko kwabo ba. Amfaninsa sai can gaba: zai buɗe miki hanya ki wuce matakin da mai NCE ke tsayawa, kuma da matakin da kika kai za a lissafa fanshonki." Ko hakan ma sai wasiƙar ta je hukumar jiha an amince.

Laraba
Jiya barci ya ƙaurace mini. Na tuna adashin da na kwashe na biya kuɗin makaranta, da tunkiyar da na sayar, da hutun da yarana suka yi a ɗakin kakarsu. Ba na nadamar karatun. Ko yadda nake koyar da haɗa baƙi a aji biyu ya sauya, kuma ina gani a bakin yara. Abin da ke ci mini rai shi ne a yi ta ce wa malami ya ƙaro ilimi, ya ƙaro da kuɗin aljihunsa, sannan a ce ya jira shekaru kafin ya ga ladan.

Alhamis
Taron ƙungiyar malamai ta NUT. Wani malami ya ɗaga takardar ƙarin girmansa, ta tsufa a jaka, kuɗin bai taɓa shiga asusunsa ba, balle ariyas. Aka tuno alkawarin da Shugaba Buhari ya yi ranar 5 ga Oktoban 2020 na tsarin albashi na musamman ga malamai. Ƙarin wa'adin aiki zuwa shekara 65 da haihuwa ko 40 a bakin aiki ya zama doka a 2022. Tsarin albashin kuwa ba mu gan shi ba. Mu na firamare daga kason ƙananan hukumomi ake biyanmu, shi ya sa ko mafi ƙarancin albashi na naira 70,000 da aka sa wa hannu a 2024 bai iso wa kowa rana ɗaya ba.

Juma'a
Albashi ya shigo. Daidai da na watan jiya.

Asabar
Ƙaramin malaminmu na lissafi ya zo gida gaishe ni, ya ce, "Anti, in tafi karatun nan ko in haƙura?" Yana mataki na 7. Na ce ya tafi tun yanzu, don shi digiri zai ɗaga shi zuwa na 8 da zarar an amince, amma kada ya biya ko sisi sai takardar izini ta zo hannunsa. Na ɗauko tawa, muka zauna ya kwafi yadda ake rubuta wasiƙar nema.