Ina Naman Yake?

A gidanmu mu takwas ne muke cin tukunya ɗaya: mu biyu, miji da mata, da yara biyar, da Kaka, mahaifiyar Baban yara. Shekara da shekaru, in an sayo nama, yadda muka tarar iyayenmu suna yi haka muke yi. Tsoka mai kyau ta tafi kwanon maigida. In akwai baƙo a zaɓa masa tasa. Kaka ta sami nata. Abin da ya rage, jijiya da ƙashi, shi ne na yara. Maman yara kuwa sau da yawa romo kaɗai takan sha, ta ce ai ta ɗanɗana wajen dafuwa. Mukan yi addu'a, mu gode wa Ubangiji domin abin da ya ba mu duka, sa'an nan mu raba shi yadda muka saba.

Ran nan da dare autarmu, tana da shekara 5 a lokacin, ta tsaya kusa da kwanon babanta tana kallo. Sai ta ce, "Baba, shekara nawa mutum zai yi kafin ya fara cin tsoka?" 'Yan'uwanta suka fashe da dariya. Kaka ta ce yaron da ya saba da nama da ƙwai ɓarawo yakan zama. Mu ba mu yi dariya ba. Bayan yara sun kwanta muka zauna muna magana har dare ya yi nisa. A wurin awon jarirai an sha gaya mana cewa yaro mai tasowa, gwargwadon jikinsa, ya fi babba bukatar abinci mai gina jiki. Mun ji, amma ba mu taɓa haɗa zancen da kwanonmu ba. Baban yara kuma ya tuna da Korintiyawa ta Fari sura 11, inda Bulus ya tsauta wa masu bi domin a taro ɗaya wani ya ƙoshi, wani yana jin yunwa.

Muka shirya za mu sake. Amma rabin kilo na nama, in ka yanka shi takwas, ba abin da ido zai gani. Kaka kuma ba ta iya kallon ɗanta da 'yar tsoka ɗaya ba. Takan kwashe na yaran ta mayar masa.

Sai Maman yara ta tuna da wani abinci da mahaifiyarta ta koya a Zumuntar Mata, daga wata 'yar mishan mutuniyar Amurka. Su a can suna ce masa kasarol, wato abincin da ake haɗawa a kwano ɗaya a gasa a tanderu. Sukan yi shi da niƙaƙƙen naman sa, da tattasai, da shinkafa, da tumatir, su barbaɗa cuku a bisa. Tattasai ma asalinsa daga can ɓangaren duniya ne, ƙasashen Meksiko da Amurka ta Kudu, ko da yake yanzu ya zama ɗan gida a kasuwanninmu. Yana da bitamin C da yawa, jan ma ya fi lemon zaƙi.

Ga yadda muke yi. Mukan sayi nama rabin kilo, marar kitse da yawa. In ba injin niƙa nama kusa, sai a yayyanka shi ƙanana a daka a turmi. A soya albasa 2 cikin man gyada cokali 3, a zuba naman, a yi ta juyawa ana farfasa shi har ja ya ɓace sarai. Kada a yi garaje a nan. Niƙaƙƙen nama ba kamar tsoka ba ne, ƙwayoyin cutar da ke bayansa sun riga sun shiga ko'ina cikinsa, don haka dole ya dahu ƙwarai, kuma a dafa shi ranar da aka niƙa. Sa'an nan a zuba tattasai 6, ja da kore, an cire 'ya'yan an yanka manya-manya, da tumatir 6 da aka markaɗa, da gishiri. Na Amurkawa ba shi da yaji ko kaɗan, mu kam sai mun jefa attaruhu ɗaya da 'yar daddawa. A gefe guda a tafasa shinkafa gwangwanin madara 4 ta yi rabin nuna, a tsane, a haɗa duka, a ƙara romo kofi ɗaya. Maimakon cuku mukan kaɗa ƙwai 2 da ɗan madara mu zuba a bisa.

Mai tanderu zai gasa kamar minti 40 a zafi digiri 180. Mu ba mu da shi. Mukan zuba yashi a babbar tukunya, mu ɗora kwanon abincin a kai, mu rufe, wuta kaɗan a ƙasa, garwashi a kan murfi, kamar yadda mata suke gasa kek na Kirsimati. Ranar farko ɗanyar shinkafa muka zuba, muka kuma cika itace. Ƙasa ya ƙone, sama yana ƙarau-ƙarau a haƙori. Daren nan gari muka jiƙa wa yara.

Karo na biyu ya yi daidai. Kaka ta sa cokali ta tona nan, ta tona can. Ta ce, "Ina naman yake?" Maman yara ta ce, "Yana ciki, Mama. Ko'ina yana ciki." Kaka ta yi shiru, ta ci, ta ce abincin marasa haƙori ne. Amma ba abin da za ta iya kwashewa daga kwanon yara, gama kowace loma da namanta.

Abin da ya fi ba mu wuya shi ne baƙo. Wata Lahadi Fasto ya biyo mu gida bayan sujada, abincin nan kuwa shi ke kan wuta. Kunya ta kama mu. Yaya za a ajiye wa babban mutum kwano ba tsoka ko ɗaya a kai? Baban yara har ya yi niyyar aika yaro wurin mai tsire. Muka dubi juna, muka fasa. Maman yara ta durƙusa ta ce, "Baba Fasto, ka yi haƙuri, abin da yara suke ci shi muka kawo maka." Ya ci, ya tambayi dalili, muka gaya masa maganar auta. Bai ce kome a kai ba, sai da zai tafi ya ce a rubuta wa Mama Fasto awon shinkafar.

Yanzu mukan yi shi sau ɗaya a mako, musamman daga Janairu zuwa Maris sa'ad da kayan noman rani suka cika kasuwa, tattasai da tumatir suka yi araha. Sauran ranaku, in an sa tsoka a miya, Baban yara ne da kansa yake rabawa, daga auta yake farawa. Kaka har yau ba ta yarda da zancen ƙwai ba. Mukan roƙi mahauci ya ƙara mana ƙashi mai ɓargo, mu dafa shi domin romon shinkafar, mu ajiye mata shi a gefen kwanonta.