Ludlum a ƙarƙashin bargo

Littafin Robert Ludlum na farko da ya shigo hannuna ba shi da bango, kuma wani mara imani ya yage shafukan ƙarshe, ina jin ƙosai ya ƙunshe da su. Muna makarantar kwana lokacin, Shagari na kan mulki. Littafin kauri gare shi kamar bulo, sai aka farke shi gida uku. Kai kana kan na farko, wani na tsakiya, mai na ƙarshe kuwa yana yi muku barazanar zai tona yadda ta kaya in ba ku sam masa garin kwaki da suga ba.

Da an kashe janareta sai a shige bargo da tocila. Kun tuna yadda muke shanya batir a rana don ya farfaɗo? Ga warin tsohuwar takarda, ga sanyin hunturu yana shigowa ta tagar da ba gilashi, ga ƙamus ɗin Michael West a gefe, wanda ba ma buɗewa in labari ya yi zafi. Kalmar da ta gagare ka sai ka tsallake ta kamar kwata.

The Bourne Identity ne, wanda ya fito a 1980. Masunta suka tsamo wani mutum daga Bahar Rum, jikinsa duk raunin harsashi, ko sunansa bai sani ba. Likita ya ciro wani ɗan ƙaramin fim da aka dasa masa a ƙugu, mai ɗauke da lambar asusun banki a Zurich. Mu da kuɗin makarantarmu ke ɗaure a bakin hankici, muka riƙa zancen bankunan Suwizalan kamar a can kawunnanmu ke ajiya.

Da za a ba mu Alƙur'ani a lokacin, da mun rantse Ludlum tsohon ɗan leƙen asiri ne. Sai da na girma na gane ashe ɗan wasan kwaikwayo ne. A New York aka haife shi a 1927, ya taɓa aikin soja, sannan ya yi shekaru yana fitowa a dandamali da talabijin, yana shirya wasanni a New Jersey, har muryarsa ya riƙa sayarwa ga masu talla. Sai da ya haura arba'in ya fitar da littafinsa na farko, The Scarlatti Inheritance, a 1971. Da na ji haka sai na ce, ai shi ya sa! Mutanensa ba sa magana a hankali, kullum ihu suke, kuma kowane babi yana ƙarewa ne kamar an ja labule ana tsakiyar faɗa.

Miyagunsa kusan iri ɗaya ne: wasu manya da ke ɓoye suna juya gwamnatoci yadda suka so. Zamanin yaƙin cacar baka ne, in BBC ta ambaci Amurka da Rasha da safe sai mu kalli juna mu gyaɗa kai, wai mu mun san abin da ke ƙasa. Malamin Turancinmu yana cewa shirme ne, mu koma kan Shakespeare. Littafin Ludlum da ya ƙwace a hannuna, Allah ya jiƙansa, sai da ya yi mako biyu kafin ya dawo da shi, da tsinken tsintsiya a shafi na ɗari uku.

Ludlum ya rasu a Florida a watan Maris na 2001, bai ga fim ɗin da Matt Damon ya fito a matsayin Bourne ba, wanda aka saki a 2002. Har yanzu ana buga sababbin littattafai da sunansa a bango, wasu ne ke rubutawa. Ban iya su ba.

Shekaru bayan na fara aiki na tsinci cikakken kwafin The Bourne Identity wajen masu gwanjon littattafai a Sabon Gari. A tsaye na karanta shafukan nan da aka yage, mai kaya yana ta harara ta, sannan na biya. Yana nan a kan kanta da bangonsa lafiya lau. 'Ya'yana sun ce sun ga fim ɗin, har yau ba wanda ya zo aro.