Bajamushen Da Ya Bi Bororo Jeji

Mu da muke neman abinci a Kurmi mun san zafin kallon da ake yi wa baƙo. Amma abin mamaki, in Bororo masu tallar magani suka ratso Kasuwar Creek Road a nan Fatakwal, da kitsonsu da layunsu, har mu Hausawa mukan bi su da irin wannan idon. Abin da ya rage mini wannan hali shi ne fim ɗin wani Bajamushe, Werner Herzog.

An haifi Herzog a Munik a 1942, kuma tun yana saurayi ya ƙi zaman ɗakin shirya fim, ya fi son jeji da hamada. A 1971 ya fito da Fata Morgana, wanda ya ɗauka a Sahara. A Fitzcarraldo na 1982 ya sa aka ja jirgin ruwa na gaske, mai nauyin fiye da tan 300, aka haura tudu da shi a ƙasar Peru, domin ba ya son dabarar sinima ta tsaya a madadin wahala. Cobra Verde na 1987 kuwa, a Gana ya ɗauki yawancinsa.

To, a 1989 ya nuna Woɗaɓe na Nijar a bikin Gerewol, inda samari kan yi kwalliya 'yan mata su zaɓa. Salonsa shi ne ya kafa kyamara a fuskar mutum, ya daɗe bai kawar ba, har sai mai kallo ya ji kunyar dariyarsa. Bai kuma ɓoye fari da ya cinye musu shanu ba.

Amma fa ina da ƙorafi. Ya ɗora tsohuwar waƙar cocin Turai a kan rawarsu, don a ganinsa gaskiya ta wuce abin da ido ya gani. Ni kuwa na ce wannan gaskiyar Bature ce, ko da kyakkyawar niyya.

Jama'a, Adamu Halilu ya yi Shehu Umar tun 1976, ga kuma masu fim maƙil a Kano yau. Me ya hana su bin makiyayi rugarsa da irin haƙurin Herzog? Waƙa dai a bakin mai ita ta fi daɗi.