Waƙar Kacici-kacici Daga Indiya

A shekarar 1955 aka shirya wani wasan silima a birnin Bombai na ƙasar Indiya, wanda yanzu a ke kira Mumbai. Sunan wasan Shree 420. Wannan lamba kuwa, a dokar Indiya ta wancan zamani, ita ce lambar laifin zamba, kamar dai yadda mu ke ce wa mazambaci 419. Raj Kapoor shi ne ya shirya wasan, shi ne kuma ya fito a matsayin wani baƙauye mai kyakkyawar zuciya da ya zo birni neman abinci, har miyagun abokai suka kusa lalata shi.

Amma ba labarin zamba zan ba ku ba. A cikin wasan akwai wata malama mai suna Vidya, wadda ke koyar da 'ya'yan talakawa. Nargis ce ta fito a matsayinta. Wata rana ta tara yaranta, ta yi musu darasi da waƙa. Muryar da a ke ji ba ta Nargis ba ce. Ita baki kawai ta ke motsawa, mai waƙar ta ainihi Lata Mangeshkar ce, wadda ta rasu a 2022 tana da shekara 92. Sunan waƙar Ichak Dana.

Sa'ad da mu ke yara a cikin birnin Zariya, ba a barinmu zuwa silima. Gidajen silima a wajen ganuwa su ke, kuma yaron da aka gani a bakinsu, to, ranar sai ya yi bayani a gida. Duk da haka waƙar ta tsallako ganuwa. Samari masu fita ta Ƙofar Doka da maraice su ne ke komowa da ita a baka, wani tela kuma a unguwarmu yana da faifanta na garmaho. Mu kan tsaya a bakin shagonsa har ya kore mu. Kafin wata guda mun haddace karin sarai, muna rera shi a hanyar rijiya da ta makarantar allo, alhali ko kalma ɗaya ba mu ji. Inda harshe ya ƙi juyuwa sai mu cusa kalmar Hausa mai kama da ita, mu wuce abinmu.

Wana ne ya fara gaya mana abin da ke ciki, don shi ya ga wasan da idonsa. Ya ce ai kacici-kacici malamar ke yi, yara suna ba da amsa. Amsoshin kuwa su ne rumman, da barkono, da masara, da ɗawisu. Kun ji fa! Ban da rumman da ɗawisu, waɗanda sai a gidajen manya a ke ganinsu, sauran duk ga su nan jibge a kasuwar birni.

Abin ya ba ni mamaki ƙwarai, domin kullum dare abin da mu ke yi ke nan a ɗakin kakata. In an ci tuwo, an kwashe kwanoni, sai ta ce, "Shanuna dubu, maɗaurinsu ɗaya." Wanda ya sani ya yi wuf ya ce tsintsiya. In kuwa duk an kasa, dole a ba ta gari kafin ta faɗi amsa. Ashe can bayan teku ma haka a ke wasa ƙwaƙwalwar yara, sai dai su sun sa wa nasu kiɗa.

A ganina, karin waƙa ba shi da wuyar tafiya, ko'ina ya je zai sami masauki. Kacici-kacici kuwa ba ya rayuwa sai da mai tambaya da mai amsawa, su zauna wuri ɗaya, suna jin harshen juna. Yau ga wasannin Indiya an juya su da Hausa, kuna kallo a waya kuna jin kome da kome, abin da mu ba mu samu ba. Amma na tambayi yara goma a ƙofar gidanmu abin da a ke nufi da "a ba ni gari", biyu kaɗai suka sani.

Daren da wana ya yi mana bayani, kakata tana gefe tana kaɗi, kamar ba ta saurare. Can sai ta ajiye mazari, ta ce tun da 'yar Indiya ta iya, bari ita ma ta ɗaura mana ɗaya a kan barkono. Ta ɗaura, muka amsa nan take, don mun riga mun ji amsar. Ta yi dariya ta sake ɗaura wani, wannan karon ba ta faɗi a kan me ba. Muka yi ta lalube har barci ya fara ɗibar ƙanena. Muka ba ta Kano, ta ce ta sha zuwa. Muka ba ta Katsina, ta ce rana ta yi yawa. Sai da muka ba ta Makka sa'an nan ta yarda.