Tifa Ta Tafi, Wa Zai Cike Ramin?



Duk bulon da aka ɗora a sababbin unguwannin Zariya, akwai inda aka kwaso yashinsa. Mu da muka tashi tsakanin Ikara, Maƙarfi da Kudan mun san irin wuraren: bakin rafi, gefen fadama, wani lokacin ma tsakiyar gona. Ƙasa ce ta rake da tumatir da dankali, amma yau sai ka tarar da ramuka a inda a da ake yin kunya.

Haƙa rami ba baƙon abu ba ne a wurinmu. Kakanninmu sun haƙi ƙasar gini, shi ya bar mana kududdufai a Zariya da Kano. Sai dai su da kwando suke ɗiba, a hankali. Tifa kuwa a rani ɗaya za ta cinye abin da kwando zai shekara da shekaru bai taɓa ba.

Wani kawuna a yankin Kudan ya ba masu tifa gefen fadamarsa, ana biyan sa a kan kowane lodi. Cinikin baka aka yi, ba takarda, ba shaida. Da damina ta faɗi, ramin ya cika da ruwa, bakinsa ya riƙa zaftarewa yana cin gonar maƙwabcinsa. Kuɗin sun ƙare kafin kaka. Masu tifa sun koma wani rafin, shi aka bari da sulhu a gaban dagaci, iyaye kuma suna ta korar yara daga wanka a wurin.

Abin da ya fi ci mini rai shi ne doka ba ta yi shiru ba. Dokar Ma'adinai da Haƙarsu ta 2007 ta damƙa ikon ma'adinai a hannun Gwamnatin Tarayya, kuma kwasar yashi don kasuwanci na buƙatar lasisi daga ofishin rajistar ma'adinai na tarayya. Sashe na 118 ya wajabta wa mai lasisi ya gyara ƙasar da ya tona. Sashe na 121 ya tanadi asusun da masu lasisi za su riƙa zuba kuɗi domin wannan gyaran. Dokar ta kuma kafa kwamitin ma'adinai da muhalli a kowace jiha. A Kaduna ga hukumar kare muhalli ta KEPA, a tarayya ga NESREA.

To ina gizo ke saƙar? Duk waɗannan sharuɗɗa a wuyan mai lasisi aka rataya su. Wanda ya shigo da tifa ba lasisi bai sa hannu a komai ba, bai ajiye ko sisi a asusu ba, ba shi da adireshin da za a kai masa sammaci. Jami'in da zai bincika yana birni, ramin kuma yana bayan gari.

Shi ya sa nake ganin aiwatar da dokar nan a bakin gona zai fara, tun kafin lodin farko. Manomi ya nemi ganin lasisi. A rubuta yarjejeniya a gaban dagaci: zurfin da za a tsaya, tazara daga gonar maƙwabci, wanda zai cike ramin da ranar da zai cike. A ware ƙasar sama a gefe don a mayar da ita, a kuma riƙe wani kaso na kuɗi a hannun amintacce sai an gama gyara. Takarda irin wannan ce alƙali zai iya kamawa.

Mu kuma masu alƙalami, manomi ba zai nemi haƙƙin da bai san yana da shi ba. Dokar da Turanci take. Wa zai faɗa masa da Hausa idan ba mu ba?